Inna Rabi da Faifan da Ta Shanya a Rana

Ranar Talata da hantsi ina tsakar gida ina guga, sai na ji takun maigidana, Baban Salma, a bakin ƙofa. Tun da aka kawo ni gidansa ban taɓa ganin ya baro aikinsa na tashar jiragen ruwa kafin azahar ba. Bai yi sallama da ƙarfi yadda ya saba ba. Ya tsaya yana kallon rigar da ke gabana, can ya ce, "Amarya, zubar da garwashin nan." Nan take na gane. Shi bai taɓa kirana Amarya ba. Mutum ɗaya ce a duniya take kirana da wannan suna, ko da na haifi 'ya'ya har sun fara tasawa, wato mahaifiyarsa, surukata, Inna Rabi mai guga ta unguwar Nuzla. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Ta yi sallar asuba a tsohon gidanmu da ta ƙi bari bayan mun tashi, ta zauna a kan sallayarta tana jan carbi, maƙwabciyarta ta leƙo don aron rariya ta tarar rai ya yi halinsa. Ba ta yi jinya ba, in ban da ciwon gwiwa da ta daɗe tana yi masa faɗa kamar yaron da ba ya jin magana.

Ni ba mai dogon karatu ba ce. Abin da na samu na makaranta kaɗan ne, kuma ban taɓa rubuta abin da ya wuce gaisuwa ga dangi ba. Amma matan da suka zo zaman makoki sun matsa mini, suka ce tun da ni na fi kowa daɗewa a gefenta a wurin aiki, in rubuta wani abu da jikokinta za su karanta in sun girma. To ga shi. Duk inda na yi kuskure a yafe mini.

A nan Jidda aka haifi Inna. Iyayenta sun taso daga ƙasar Hausa da ƙafa don sauke farali, suka yi shekaru a hanya, da suka iso kuma Allah bai nufe su da komawa ba. Ita ba ta taɓa ganin ƙasar iyayenta ba, amma in tana faɗa da Hausa take yi, in tana ciniki da Larabci, in kuwa ta yi farin ciki sai ta gauraya su har ba ka san inda ɗaya ya tsaya ba. Mijinta ya rasu ya bar ta da yara ƙanana, da dutsen guga ta raine su. Ranar da na tare, ina zaune a lulluɓe cike da tsoron uwar miji, ta ɗaga mayafina ta leƙa, ta ce, "Yalla, Amarya, buɗe fuska ki sha iska, zafin garin nan ba ya jin kunyar kowa." Daga ranar tsoro ya fita daga raina. Ita ta koya mini sana'arta. Ta koya mini yadda ake gane zafin dutse da tafin hannu daga nesa, da yadda ake fesa ruwa da baki ba tare da an jiƙa riga ba. In na ƙona wa mutum kaya, ba ta zagina, amma dole in bi ta mu je mu gaya wa mai kayan da bakinmu. Takan ce, "Ƙuna ba ta ɓuya a ninki, Amarya. Yau ko gobe mai riga zai warware."

Akwai abu ɗaya da Inna ta yarda da shi bayan Allah da Manzonsa, shi ne rana. Duk wanda ya zauna a Jidda ya san damshin garin nan, yadda yake shiga akwati ya sa tufa wari, ya sa takarda ta yi laushi. Maganin Inna ɗaya ne: a kai saman soro. Katifa, zannuwa, shinkafar da ta fara ƙwari, kayan alhazai da aka sauke daga jirgi, takalmin yaro, har jaririn da ya yi mura, duk sai sun ga rana. In ka kawo mata kukan wani abu ya lalace, kafin ka rufe baki ta ce, "An shanya shi?" A wannan ɗabi'a tata labarin da zan bayar ya samo tushe, kuma na san da tana nan da ita za ta riga ni ba da shi, tana yi tana share hawayen dariya.

A shekarun da ƙananan motocin Yaban suka fara cika titunan garin nan (Yaban muke ce wa Japan, kamar yadda Larabawa ke faɗa), wani kamfanin Yaban ya kama wa ma'aikatansa gidaje a unguwar Bagdadiyya. Muka samu wankin ɗaya daga cikinsu, gidan wani injiniya da matarsa. Matar 'yar siririya ce, ba ta da yawan magana, ba ta da ɗa, ba ta da kowa a garin. Mijin ya fita tun safe sai dare. Sunanta ya gagari bakin Inna, don haka ta sa mata Baƙuwa, ita kuma ta karɓa. Ranar farko da muka je, ta sunkuyar da kai don gaishe mu, Inna ta sunkuya, matar ta sake sunkuyawa, Inna ma ta sake. Da abin ya ƙi ƙarewa Inna ta dafa ƙugu ta ce, "Halas, ya isa, 'yar nan, bayana ba na ƙarfe ba ne." Baƙuwa ba ta ji ko kalma ɗaya ba, amma ta yi dariya.

Muka kama hanyar komawa. Da muka kusa gida Inna ta ce, "Yarinyar nan kaɗaici zai kashe ta. Kin ga yadda ta riƙe ƙofa da za mu fita?" Daga nan ta daina kwaso kayan gidan zuwa Nuzla. Ta ce a can za mu riƙa yin gugar, wai wutar lantarkinsu ta fi garwashi, alhali na san ba ta ƙaunar dutsen lantarki ko kaɗan. So take kawai a ji motsin mutane a gidan. Tana guga tana surutu, Baƙuwa na zaune a kujera tana saurare. A haka ta tsinci Larabci kaɗan, da Hausa kaɗan, ba ta ma san wanne ne wanne ba. Sai da ta je kanti ta ce wa Balarabe "sannu da aiki" ya tsaya yana kallonta, sannan muka fara rarrabe mata.

Baƙuwa tana da garmaho da fayafayai na waƙoƙin ƙasarsu. Wata rana muka tarar da ita fuska a sake, tana ta kaiwa da komowa, ta kasa zama. Da guntun Larabcinta da nuni da hannu ta fahimtar da mu cewa tana da ƙanwa, su biyu kaɗai iyayensu suka haifa, kuma ƙanwar mawaƙiya ce. Ta daɗe tana waƙa a ƙananan wurare ba wanda ya san ta. Yanzu wani kamfani ya ɗauke ta, za a shigar da ita ɗakin ɗaukar murya da makaɗa, a yi mata babban faifai nata na kanta, waƙoƙi gaba da baya, da hotonta a bango. Shi ne na farko a rayuwarta.

Inna ta tambaya, "Tana da miji?"

Baƙuwa ta girgiza kai.

"To Allah ya sa faifan ya jawo mata." Daga ranar ta sa wa yarinyar suna Auta, ta kuma shigar da ita cikin jerin waɗanda take yi wa addu'a, tsakanin jikokinta da maƙwabta.

Watanni muka yi muna bin labarin faifan nan kamar cikin fari. Duk zuwan da za mu yi, kafin Inna ta ajiye mayafi sai ta ce, "Ina labarin Auta?" Yau a ce mana ta shiga ɗakin ɗaukar murya. Gobe a ce waƙa ɗaya ta ƙi, an maimaita ta har muryarta ta dushe. Inna ta ce a gaya mata ta sha citta da zuma, ta daina shan ruwan sanyi. Wata rana aka ce an ɗauki hoton bango, wata rana aka ce an ɗage ranar fitowa. Inna ta yi tsaki ta ce, "Su ma can akwai masu saɓa alkawari ashe." Da aka tsayar da rana, Baƙuwa ta nuna mana ita a kalanda, sai kuma idonta ya ciko. Kantunan garinsu za su liƙa hoton ƙanwarta, mutane za su yi layi, ita kuwa tana nan bayan teku, ba za ta gani ba.

Da ranar ta zo, tun da sassafe Inna ta tashe ni muka soya waina, ta dafa shayi mai kanumfari, ta kira matan layinmu. Aka tambaye ta, "Inna, wa ya haihu?" Ta ce, "Abin da aka yi wata da watanni ana wahalarsa, ranar da ya fito ai suna ne." Ta raba wa yara sadaka, ta ɗauki kwano guda muka nufi Bagdadiyya, ta shiga gidan injiniya da guɗa. Baƙuwa ta fito a firgice, ta zaci gobara ce. Da ta gane abin da ake ciki, ta rungume Inna ta ƙi saki, har wainar ta kusa zubewa.

Saura faifan kansa. Auta ta ƙi sa shi a gidan waya don kada ya karye a hanya. Ta damƙa shi ga wani ma'aikacin jirgin da ke kawo motoci, aka kuma shirya cewa Baban Salma, tun da a tashar yake aiki, shi zai karɓa ya ba Inna ta kai. Tafiyar jirgin ta ɗauki makonni. Baƙuwa ta goge garmahonta, ta sa sabuwar allura, ta daina sa sauran fayafayan, wai tana so kunnenta ya huta kafin ya iso.

Ranar wata Alhamis da yamma Baban Salma ya shigo da ƙunshi a hammata. Wajen saukowa daga jirgi ruwan teku ya fantsama masa, gefen kwalin ya jiƙe. Inna ta karɓa da hannu biyu, ta warware. Ga Auta a bango, gashi a yanke, tana riƙe da laima, tana kallon gefe. Inna ta daɗe tana dubanta, ta ce, "Kyakkyawa, amma ba ta cin abinci." Sannan ta kai kwalin hanci ta shinshina, ta yamutsa fuska. Warin cikin jirgi da damshi. Ta ce ba za ta kai wa Baƙuwa amana tana wari ba. Gobe Juma'a ba aiki, jibi za a kai shi tsaf.

Da safiyar Juma'a ta hau soro. Ta shimfiɗa kwalin ta danne shi da duwatsu. Ta zaro faifan, baƙi wuluk yana sheƙi, ta goge shi da gefen zaninta, ta kwantar da shi a kan tiren ƙarfe inda rana ta fi bugawa, don ya sha sosai. Ni ina ƙasa ina ganin hawanta da saukarta, kuma ko a raina ban ga aibin abin ba, don ni ma a hannunta na tashi. Muka tafi barkar haihuwa a wata unguwa, ba mu dawo ba sai bayan la'asar.

Salatin da na ji daga saman soro ya sa na hau da gudu ba takalmi. Na tarar da Inna a tsaye, hannu a ka. Kwalin ya bushe sarai, ba wari. Faifan kuwa ya lanƙwashe, gefe ya tashi gefe ya faɗa, kamar gurasar da aka manta a tanda. Inna ta ɗauke shi tana hura masa iska kamar yaron da ya ƙone.

Da Baban Salma ya dawo daga masallaci ya gani, ya zauna a bakin matakala ya riƙe kai. Can ya ce, "Inna, ba wanda ya san ma'aikacin jirgin ya ba ni. A ce bai iso ba. Ni zan nemi wani ma'aikacin ya sayo mana wani, in ya zo a kai mata."

"Wata nawa?"

"Uku, ko huɗu."

"Wata huɗu tana leƙen taga, ni kuma ina shiga gidanta ina cin abincinta ina ce mata bai zo ba? Kai, wa ya raine ka?"

"Inna, aikin gidan nan fa zai iya tafiya."

"Ba aikin nake ji ba," in ji ta. "Idonta nake ji. Yarinyar nan mutum ɗaya ta yarda da shi a garin nan."

Ta riƙa juya faifan a hannu. Sai na ga fuskarta ta canza, irin yadda take yi in an kawo mata rigar da ta gagari kowa. Ta ce, "Amarya, hura garwashi." Baban Salma ya miƙe yana cewa, "La, la, a'a, Inna, don Allah!" Ta ce, "Shekara nawa ina miƙar da abin da ya lanƙwashe? Matsa." Ta sa faifan tsakanin zannuwa biyu masu kauri, ta bar dutsen ya huce har ana iya taɓa shi, ta riƙa dannawa a hankali tana bismilla, tana ɗagawa tana dubawa. Da ta gama ta kwantar da shi ƙarƙashin buhun shinkafa ya kwana. Da safe ya miƙe, ba laifi, amma in ka kai ido daidai gefensa sai ka ga yana hawa yana sauka kamar ruwan teku in iska ta taso.

Tafiyarmu Bagdadiyya ranar Asabar ita ce mafi tsawo da na taɓa yi da ita. Ba ta gaisa da kowa a hanya ba. Muka tarar Baƙuwa ta ci ado da doguwar rigar ƙasarsu mai faɗin ɗamara, wadda ba mu taɓa ganin ta sa ba, ta jera kofunan shayi uku, don mijinta ya gaya mata jirgin ya iso. Ta ga kwalin, ta karɓa, ta manna hoton a ƙirji. Za ta buɗe ke nan Inna ta riƙe mata hannu. Ta nuna kanta, ta nuna sama, ta zana rana da yatsa, ta kwaikwayi shimfiɗawa, ta kwaikwayi guga. Ta ce, "Ni ce. Ba jirgi ba, ba ɗana ba. Ni."

Baƙuwa ta zaro faifan. Ta ɗaga shi daidai idonta ta ga yadda ya koma. Fuskarta ta yi fari, murmushin ya ɗauke. Ba ta dube mu ba. Ta juya a hankali ta ɗora shi a kan garmaho, ta sauke allura.

Allurar ta fara hawa da sauka kamar kwalekwale. Kiɗa ya taso yana layi. Sai murya ta shigo, siririya, mai daɗi, amma tana rawa: ta hau, ta faɗo, ta hau, ta faɗo, kamar mai waƙa a kan jaki. Baƙuwa ta toshe baki da hannu biyu, kafaɗunta suka fara girgiza. Inna, da ciwon gwiwarta, ta durƙusa a ƙasa tana cewa, "Ki yafe mini, 'yar nan, ki yafe mini." Sai da Baƙuwa ta juyo muka ga dariya take yi. Dariya har ta zame ta zauna a ƙasa kusa da Inna da kwalliyarta, hawaye na zuba, ta kasa magana.

Da ta samu numfashi ta yi mana bayani, rabi da baki rabi da jiki. Ta sunkuya ta ɗora hannu a baya kamar mai goyo, ta yi ɗan gudu a tsakar ɗaki. Suna yara, iyayensu na gona, ita take goya Auta ta kai musu abinci. Hanyar tudu ce da gangare, ita kuma kullum a guje take. Auta tana bayanta tana waƙa tun ba ta iya magana sosai ba, muryar na tsalle da kowane taku. Ta nuna garmahon ta ce, "Haka. Haka. Wannan ƙanwata." Ta ce duk watannin nan tsoro take ji kada ta sa faifan ta ji wata babbar mace da ba ta sani ba, wadda kamfani ya gyara. Sai ga yarinyar da ta goya ta shigo mata ɗaki.

Inna ta dube ta, ta dube ni. Ta share ido da gefen mayafi, ta miƙa mini hannu na tashe ta. Ta kakkaɓe zani ta ce, "To. Ai na gaya muku rana ba ta ɓata abu." Ranar ba mu yi guga ba. Mun ji faifan gaba da baya, muka sake, shayi ya huce ba wanda ya sha.

Daga nan kullum muka je shi ake sawa. Inna ta haddace waƙoƙin tsaf, ba ta san ma'anar ko kalma ɗaya ba, kuma ta haddace su da rawar muryar, don haka ta ji su. Akwai ta biyu a bayan faifan, mai sanyi, ita ta fi so. Tana guga tana rera ta, kanta na hawa da sauka. Ta dawo da ita Nuzla ta mai da ita waƙar rarrashi. Duk jaririn da aka miƙa mata sai ya ji ta. Ba a daɗe ba matan layinmu suka ɗauka, har wasu suna zaton tsohuwar waƙa ce da iyayen Inna suka zo da ita daga gida.

Bayan watanni wani faifan ya iso, lafiyayye, wannan karon a hannun injiniya da kansa. Tare da shi akwai labari cewa faifan ya karɓu, ana sa waƙar Auta a gidajen rediyon ƙasarsu. Inna ta ce, "Da albarkar wainar wa?" Da aikin mijin ya ƙare za su koma, Baƙuwa ta naɗe lanƙwasasshen faifan a cikin rigarta ta sa a jakar hannu, ta miƙa wa Inna lafiyayyen. Inna ta ce ba ta da garmaho. Baƙuwa ta ce da Hausarta, "Ajiye. Ba rana." Suka yi dariya, suka yi kuka, suka sunkuya wa juna, wannan karon Inna ba ta yi ƙorafin bayanta ba.

Daga baya Baban Salma ya sayo tsohon garmaho a kasuwar gwanjo don ya faranta mata. Muka taru aka sa. Murya ta fito sumul, ba ko gargada. Inna ta saurara har waƙa ɗaya ta ƙare, ta ce, "Kashe. Sun gyara ta har ba ta da daɗi." Ba ta sake neman a sa ba. Wata shekara kuma wani ma'aikacin jirgi ya kawo hoto: Baƙuwa da Auta a zaune, Auta ta ɗaga lanƙwasasshen faifan kusa da fuskarta tana dariya har idonta ya rufe. Inna ta sa shi a gilashi ta rataye. Duk baƙon da ya tambaya wace ce, sai ta ce, "'Yata ce da ƙanwarta, suna Yaban. Ƙaramar mawaƙiya ce, ni na yi mata guga."

Da muka buɗe akwatinta bayan an kai ta, mun tarar da lafiyayyen faifan a can ƙasa, a naɗe cikin farin zanen da ta yi aikin hajji da shi. Shi kaɗai ne abin da ta mallaka wanda bai taɓa hawa soro ba.

A rana ta uku ta zaman makoki, ɗaki cike da mata, kowa ya yi jugum, sai jaririn wata maƙwabciya ya tsala kuka. Uwar ta saɓa shi a kafaɗa tana jijjigawa, ba ta ma san ta fara ba, sai muka ji waƙar nan ƙasa-ƙasa, tana hawa tana faɗowa. Ta farga ta kama baki don kunya. Wata tsohuwa ƙawar Inna ta ce, "Ci gaba, 'yar nan, ai ita ta koya miki." Ɗakin ya kwashe da dariya, muna yi muna share hawaye. Jaririn kuwa ya yi barci. Baban Salma ya ce in jirgin motoci ya zo zai ba da saƙo a gaya wa Baƙuwa. Na ce a gaya mata har da wannan.

Ya Allah, ga baiwarka Rabi ta zo gare ka. Ta riƙe amana ko da ta lanƙwashe a hannunta, ta kai ta da fuskarta ba ta ɓoye ba. Ta ga baƙo cikin kaɗaici ta zauna da shi, ba ta tambayi yarensa ba. Ka karɓe ta yadda ta karɓi baƙinka. Ka gafarta mata kurakuranta, ka yalwata kabarinta, ka sanyaya mata makwanci, ka ba ta inuwa ranar da babu inuwa sai taka. Ka haɗa ta da iyayenta da suka taka ƙasa don ziyarar ɗakinka, da mijinta da ya riga ta. Ka ba 'ya'yanta da jikokinta haƙurin rashinta, ka bar zumunci a tsakaninsu, ka sa su gaji gaskiyarta da sakin fuskarta. Ka sanyaya zuciyar waccan baiwa taka da ke bayan teku in labari ya isa gare ta. Ni kuma da ba sauran mai kirana Amarya, ka ba ni juriya, ka sada ni da ita a gidan da ba a rabuwa. Amin.